Shamwa ko shamuwa? Muhawara kan sunan wata dabbar tsaunukan Faransa

Ɗan Maraɗi:
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Ina da tambaya, kuma tun jiya take cina. Shekarata huɗu ina aikin wankin mota. Akwai wata fata mai laushi, ruwan ɗorawa-ɗorawa, da muke tsane mota da ita bayan an ɗauraye. Ba ta karce fenti, ba ta barin tabon ruwa a gilashi. Maigidana shamwa yake ce mata, mu ma haka muka tarar. To jiya wani yaro sabon zuwa ya tambaye ni, wai fatar shamuwa ce? Na ce masa a'a, ina tsuntsu ina fata irin wannan. Ya ce to don me ake kiran ta haka? Sai na yi shiru. Don Allah masu sani, daga ina wannan suna ya fito?

Ɗan Fagge:
Wa alaikumus salam. Ni a ganina Hausa ce tsantsa. Shamuwa ita ce tsuntsuwar damina, da ka gan ta a kan kuka ka san ruwa ya kusa. Fata mai shan ruwa kuwa, me ya fi dacewa da ita in ba wannan suna ba? Mun cika miƙa wa Turawa duk kalmar da ba mu gane ba.

Mushe na Damagaram:
Ɗana na Maraɗi, ka yi tambaya mai kyau, matambayi ba ya ɓata. Malam na Fagge, kishin harshe abin yabo ne, amma a nan kama da wane ba ta wane. Na shekara talatin ina koyar da Faransanci a lakwal kafin in huta, kalmar nan na san ta.

Faransanci ce. Ana rubuta ta *chamois*, ana faɗin ta shamwa. Cikakken sunan abin da kake riƙewa a hannu shi ne *peau de chamois*, wato fatar shamwa. Shamwa ɗin kuwa dabba ce mai kofato da ƙaho, tana zaune a tsaunukan Turai masu ƙanƙara, musamman tsaunukan Alf da suka ratsa Faransa da Suwizalan da Italiya da Ostiriya da kudancin Jamus. Girmanta kamar na babbar akuya, tsayinta a kafaɗa santimita 70 zuwa 80. Ƙahonninta biyu baƙaƙe ne sirara, suna miƙewa sama sannan su lanƙwasa baya kamar ƙugiya, kuma mace da namiji duk suna da su. Fuskarta fara-fara ce, da baƙin zane biyu da suka taso daga idanu suka sauka zuwa baki.

Su kansu Faransawa gadon kalmar suka yi. An same ta a rubuce da Latinanci, harshen Rumawan da, a matsayin *camox*, a cikin wani jerin sunayen dabbobi da wani marubuci mai suna Polemius Silvius ya tsara wajen shekara ta 449, a ƙasar da ta zama Faransa daga baya. Masana harshe kuma sun tafi a kan cewa Rumawa ma aro suka yi daga bakin mutanen tsaunukan Alf da suka tarar a can. Wato kalmar ta girmi Faransanci, ta shiga Latinanci ne a matsayin baƙuwa.

Ɗan Fagge:
Mushe, da girmanka, amma ina *camox* ina shamwa? Ɗaya da ka take farawa, ɗaya da sha. Ai shamuwa ta fi kusa da ita nesa ba kusa ba.

Mushe na Damagaram:
Madalla da wannan ja, domin nan ne daɗin zancen yake. A Faransanci akwai wata ƙa'ida da ta bi kusan dukkan kalmomin da aka gada daga Latinanci: inda duk ka ga *ca* a farkon kalma, ya rikiɗe ya zama *cha* ko *che*, wato sautin sha. Doki a Latinancin talakawa *caballus* ne, ya koma *cheval*. Akuya *capra* ce, ta koma *chèvre*. Rera waƙa *cantare* ne, ya koma *chanter*. To haka *camox* ya bi sahu ya zama *chamois*. Ba a kalma ɗaya abin ya faru ba balle a ce dace ne.

Mu ma muna da irinsa, ba mu lura ba ne kawai don a bakinmu yake. Me ya sa muke cewa ƙasa amma ƙasashe? Mota amma motoci? Gida amma gidaje? Sautin yana narkewa ne in ya haɗu da wani wasali. Baƙon da ya ga gida da gidaje a rubuce zai iya cewa wannan j ɗin daga ina ya fito, alhali kai ka san kalma ɗaya ce.

Shaida ta biyu tana wajen maƙwabtan Faransa, waɗanda ba su yi wannan narkewar ba. Italiyawa suna cewa *camoscio*. Mutanen Fotugal suna cewa *camurça*. Sifaniyawa suna da *gamuza*. Jamusawa suna cewa *Gämse*. Ka ga duk ’yan ɗaki ɗaya ne, kowa da irin lafazinsa. Da a ce daga shamuwarmu ta fito, da me zai kai ta bakin Bajamushe da sautin ga?

Ɗan Fagge:
To na ji wannan. Amma ita shamuwar fa?

Mushe na Damagaram:
Tamu ce, babu mai ja. Kakanninmu sun san ta tun kafin Faransawa su ci Damagaram a 1899. Tsuntsuwa ce da ke yin sheƙa a garuruwanmu da damina, in rani ya yi ta ƙetare zuwa kudancin Afirka. Turawan kimiyya ma sunan wani gwamnan Turkawa da ya yi mulki a arewacin Sudan suka laƙa mata, Abdim, ba su ɗauki namu ba. Kalmomi biyu ne da suka taso daga duniya biyu suka yi kiciɓis a wurin wankin mota a Maraɗi.

’Yar Tawa a Tulus:
Salamu alaikum iyayena da yayyena. Baba Mushe, Allah ya ƙara sani. Ina so in ƙara wani abu da ni ma sai da na zo karatu kudancin Faransa na san shi. A nan yankin, in ka nuna dabbar nan ka ce shamwa, sai a gyara maka a ce *isard*. Ana faɗin ta izar, harafin ƙarshe ba a furta shi. Wannan shi ne sunan wadda ke zaune a tsaunukan Firene, waɗanda suka raba Faransa da Sifaniya, sun miƙe kilomita sama da 400 daga tekun Atlantika zuwa Bahar Rum.

Bara da bazara mun je wani kwari a saman garin Cauterets. Mun tashi tun da asuba don an ce mana in rana ta ɗaga sukan koma inuwa. Mun yi kusan awa biyu muna hawa ban ga komai ba sai duwatsu da itatuwa, har na fara cire rai. Sai na ji wani fito mai kaifi daga sama. Mai yi mana jagora ya ce mu tsaya, ita ce, ta hanci take yin wannan ƙarar in ta ga abin da ba ta yarda da shi ba. Na ɗaga kai na ga guda shida a kan wani gangare da ni ko da rarrafe ba zan iya hawansa ba, uwaye da ’ya’yansu. Jajaye ne kamar jar akuyarmu ta Maraɗi, sai dai ƙafafun sun fi tsawo. Da suka tashi gudu, wallahi sama suka nufa, ba ƙasa ba. Ɗan ƙaramin cikinsu, wanda bai fi wata biyu da haihuwa ba, yana bin uwarsa dutse bayan dutse ko tuntuɓe bai yi ba. Na daɗe ban ga abin da ya sa na yi tasbihi irin wannan ba.

Ɗan Maraɗi:
Ikon Allah. Yaya, to izar ɗin da shamwa abu ɗaya ne ke nan, suna ne kawai ya bambanta? Kamar yadda wasu ke cewa kyanwa wasu su ce mage ko mussa?

Mushe na Damagaram:
Haka muka koya a zamaninmu. Ƙamus ɗin da na yi aiki da shi cewa ya yi *isard* shi ne shamwan tsaunukan Firene, shi ke nan.

’Yar Tawa a Tulus:
Baba, ƙamus bai yi ƙarya ba, amma masana dabbobi sun ƙara gaba. Yanzu jinsi biyu suke lissafawa. Na tsaunukan Alf shi ne *Rupicapra rupicapra*, na Firene kuma *Rupicapra pyrenaica*. Wanda ya fara ba na Firene suna nasa na kansa shi ne Charles Lucien Bonaparte, ɗan ƙanen Napoleon, a 1845. Daga baya aka daɗe ana ɗaukar sa reshe ne kawai na wancan, sai a shekarun 1980 bincike ya sa aka sake raba su. Izar ya fi ƙanƙanta, gashinsa na bazara ya fi ja, da hunturu kuma yana da faci-faci masu haske a wuya da kafaɗu, alhali shamwan Alf kusan baƙi yake komawa gaba ɗaya. Abin mamaki ma, danginsa na kusa ba a Alf suke ba. Suna tsaunukan Kantabiriya a arewacin Sifaniya, da tsaunukan Abruzzo a tsakiyar Italiya.

Don haka makiyayan da suka ƙi yarda su kira shi da sunan Alf, ashe idonsu ya ga abin da littafi bai gani ba sai daga baya.

Mushe na Damagaram:
Na karɓi gyara, ɗiyata, Allah ya yi miki albarka. Tunda kin kawo izar, bari in faɗi abin da na sani game da ita kalmar. Faransancin Paris aro ya yi daga harsunan mutanen tsaunin, Gaskon da Katalan, inda ake cewa *isart* ko *isard*. Tsohuwa ce ƙwarai. Gaston Fébus, wanda ya mulki yankin Foix da Béarn a gindin waɗannan tsaunuka, ya fara rubuta littafinsa na farauta a 1387, kuma ya ambaci dabbar da wani siffa na wannan suna. Ita ma ba daga Latinanci take ba, ta riga Rumawa zama a wurin.

Wasu masana suna danganta ta da kalmar *izar* ta harshen Baskawa, wadda ke nufin tauraro. Hujjarsu ita ce farin da ke goshin dabbar, wai shi aka kwatanta da tauraro. Baskawa su ne mutanen da ke zaune a ƙarshen yammacin tsaunin, kuma harshensu ba ya da dangi a cikin harsunan Turai na yau. Amma ina jan kunne: wannan hasashen masana ne, ba a kama shi a rubuce ba kamar yadda aka kama *camox*.

Ɗan Fagge:
A'a Mushe, nan fa zan tsaya. Da na ce shamwa daga shamuwa, kun ce kama da wane ba ta wane. Yanzu Bature ya ce izar daga tauraro don sun yi kama a baki, sai a kira shi hasashen masana? Me ya raba nawa da nasu?

Mushe na Damagaram:
Tambayarka daidai ce, kuma ba zan kauce mata ba. Abu biyu ya raba su. Na farko wuri: Baskawa da dabbar nan tsauni ɗaya suke zaune tun kafin a fara rubuta tarihi, kuma sunayen garuruwa da kwaruruka da yawa a Firene, har inda ba a jin harshen a yau, suna da tushen wannan harshe. Akwai hanyar da kalmar za ta bi. Shamuwa kuwa ba ta taɓa haɗa hanya da tsaunukan Alf ba. Na biyu, shamwa mun riga mun san iyayenta da kakanninta a rubuce, babu gurbin da za a cike. Izar ce marainiya, shi ya sa ake nema mata dangi. Duk da haka na ce hasashe ne, kuma in wani ya zo da hujjar da ta fi wannan, a bar ta tauraro.

Ɗan Fagge:
Wannan amsa ta shige ni. Kuma in an duba, kiran dabba da alamar jikinta ba baƙon abu ba ne. Mu ma a dawaki muna da akawal da kili da bidi da hurde, duk launi ne ya zama suna.

Baba Majemi:
Salamu alaikum. Jikana ne yake karanta mini, ni nake faɗa yana rubutawa. Kun yi ta zancen suna, ni fatar ce ta dame ni. Gadon gidanmu jima ne, tun ina ɗan shekara goma hannuna yake cikin ruwan bagaruwa. Fatar da yaron nan ya kwatanta na taɓa riƙe ta. Ba jimar bagaruwa ba ce. Kirgin da muke yi, in ya jiƙe ya bushe sai ya ƙandare, sai an sake murza shi da mai. Ita kuwa wannan a jiƙa ta sau ɗari, da ta sha ruwa ta koma laushinta. Kuma ba ta da fuska, gaba da baya duk ɗaya ne kamar ƙyalle. Ina so mai sani ya gaya mini da me suke jeme ta.

Mushe na Damagaram:
Baba, barka da zuwa, Allah ya ƙara lafiya. Idonka na gwani ne, duk abu biyun da ka lura da su haka suke. Da man kifi ake jeme ta, musamman man wani kifin tekun arewa da Faransawa ke kira *morue*. Bayan an cire gashi, sai a kankare fuskar fatar gaba ɗaya, ko a tsaga ta biyu a ɗauki ɓangaren ciki, shi ya sa ka ga ba ta da fuska. Sai a shafe ta da man, a sa ta cikin wata na'ura mai manyan taɓare na katako tana dukan ta har man ya ratsa ko'ina. A da ruwan kogi ne ke juya taɓaren. A fitar a shanya ta sha iska, a sake shafawa, a sake daka, sau da yawa. Daga nan a ajiye ta a ɗaki mai ɗumi, man ya yi ta aiki a cikinta har launinta ya koma ruwan ɗorawa. Ƙarshe a matse ragowar man a wanke. Sana'ar kanta daga sunan dabbar aka cire mata suna, *chamoisage*.

Baba Majemi:
To ai shi ke nan, na gane. Mu bagaruwa ke kama fatar, mai daga baya yake zuwa don laushi. Su man ne kansa yake jimar. Kuma daka ai mu ma muna yi, da ƙafa da hannu. Allah mai iko, kowa da abin da ƙasarsa ta ba shi. Su teku ta ba su kifi, mu daji ya ba mu bagaruwa. Amma ina da sauran tambaya. Dabbar da ’yar nan ta ce sai an hau tsauni awa biyu kafin a ga shida, ina aka samu fatunta da yawa har ta kai wurin wankin mota a Maraɗi? Mu nan fatar akuya ma wani lokaci sai mun yi cigiya.

’Yar Tawa a Tulus:
Kaka, ka taɓo inda yake. Ba fatarta ba ce. Tun ƙarnoni da suka wuce buƙata ta fi ƙarfin dabbar, domin da fatar ake ɗinka safar hannu da wandunan sojan doki. Sai majeman Turai suka koma fatar tumaki suna yi mata jima iri ɗaya, sunan kuma ya zauna. Yau abin da ake sayarwa da sunan fatar shamwa ta gaskiya, ɓangaren ciki ne na fatar tunkiya. Mai arha kuma ba fata ba ce sam, roba ce aka sarrafa ta yi kama da ita.

Ita dabbar kuwa ta sha wuya a hannun maharba. A tsakiyar ƙarnin da ya wuce izar ya yi ƙaranci sosai a Firene. Kafa gandun daji na ƙasa a ɓangaren Faransa a 1967, inda aka hana harbi, yana cikin abin da ya sa ya farfaɗo. Har yanzu ana farautarsa a wajen gandun, amma da lasisi da adadin da aka ƙayyade kowace shekara.

Ɗan Zangon Kumasi:
Gaisuwa ga manya. Ni ta hanyar ƙwallo na san kalmar nan ban san ma'anarta ba sai yau. Abedi Pele namu, farkon zuwansa Faransa a 1986, ƙungiyar da ya fara bugawa sunanta Chamois Niortais. Tun muna yara muke jin sunan. Ashe sunan dabba ne?

Mushe na Damagaram:
Sunan dabba ne, amma ta hanyar fata ya zo. Garin Niort yana yammacin Faransa, ƙasa ce shimfiɗaɗɗiya, babu tsauni babu shamwa ko ɗaya. Abin da garin ya shahara da shi shi ne wannan jima ta man kifi da ɗinkin safar hannu, domin yana bakin kogi kuma ba shi da nisa da tashar jiragen ruwa ta La Rochelle inda man ke shigowa. Ɗan gidan wani mai masana'antar fata ne ya kafa ƙungiyar a 1925. Ka ga kamar a ce ’yan unguwar majema sun kafa ƙungiya sun sa mata sunan sana'ar gidansu.

Ɗan Abzin:
Na daɗe ina karantawa ban sa baki ba. Ga abin da nake so mu tsayar, tunda zauren nan na Hausa ne. In ɗalibi a Agadas ko Kano ya ci karo da *chamois* ko *isard* a littafi, da me zai fassara? Kada wani ya ce ragon dutse, wannan suna yana da mai shi. Muna da shi a duwatsun Abzin, mai dogon gashi a wuya da ƙirji, da manyan ƙahonni masu kauri. Shi Faransawa ke kira *mouflon à manchettes*. Na gan shi da idona a wajen Bagzan ina yaro, yanzu kuwa sai a yi shekara ba a ji wanda ya gan shi ba, duk da an kafa gandun Ayar da Tenere tun 1988. Bai yi kama da abin da ƙanwata ta Tawa ta kwatanta ba.

Ɗan Fagge:
Akuyar dutse mana. Mushe bai ce *capra* akuya ba ce? Sunan kimiyyar ma ai da shi ya ƙare.

’Yar Tawa a Tulus:
Haka ne Yaya, *rupes* dutse, *capra* akuya, fassarar sunan ke nan daidai. Matsalar ita ce a tsauni guda akwai wata dabbar da ta fi cancantar wannan suna, wadda ake kira *bouquetin*. Ita akuya ce ta haƙiƙa, ’yar uwar ta gida ce ta kusa, bunsurunta har gemu gare shi da ƙahonni kusan mita guda. In muka ba shamwa akuyar dutse, ita kuma mu ce mata me? Shamwa ba ta da gemu, jikinta kuma ya fi kama da na barewa.

Ɗan Jos:
Gadar dutse ma kada a taɓa, muna da ita a nan Filato. ’Yar ƙarama ce, a kan tsinin kofato take tsayawa a bisa dutse. Ita ma ta yi wuyar gani yanzu.

Ɗan Abzin:
To barewar tsauni fa?

Mushe na Damagaram:
Ya fi daɗin ji, amma zai sa yaro ya zana barewa a zuciyarsa, mai ƙaho miƙaƙƙe, tana gudu a fili. Ra'ayina, kuma na daɗe da shi tun ina aji: dabbar da ba ta ƙasarka, ka karɓe ta da sunanta, ka yi bayani sau ɗaya. A rubuta shamwa ga ta Alf, izar ga ta Firene. Hausa ba ta taɓa jin kunyar aro ba. Littafi da alƙalami daga Larabci suke, lakwal daga Faransanci, mota daga Ingilishi, yau wa zai ce ba Hausa ba ne? Faransawan ma da muke magana a kansu, kalmomin nan biyu duk asalinsu aro ne daga mutanen tsauni, saboda mutumin Paris bai san dabbar ba sai da aka nuna masa.

Ɗan Fagge:
Izar na yarda da shi, ba ya karo da komai. Shamwa ce ban yarda ba. A rubuce wasali ɗaya ne tsakaninta da shamuwa, a baki kuwa mai saurin magana ba zai raba su ba. Ga shi yaron wurin wankin mota ya riga ya rikice. In malami ya ce shamwa tana hawan tsauni tana da ƙaho, rabin aji za su ɗauka tsuntsuwa ake nufi. Ni dai akuyar tsauni zan ce, waccan mai gemu kuma a ce mata bunsurun tsauni ko a aro nata sunan.

Mushe na Damagaram:
Hausa cike take da kalmomin da suka fi haka kusanci kuma ba mu ɓata ba. Gari da gari, fari da fari, baba da baba. Zance ne ke raba su.

Ɗan Fagge:
Waɗannan da su aka haife mu, Mushe, kunne ya saba. Sabuwa kuwa mu ne za mu shigo da ita da hannunmu, me zai sa mu shigo da rikici muna gani? A nan ban sauka ba.

Ɗan Abzin:
Ni ina tare da Mushe a kan izar, ina tare da na Fagge a kan ɗayar. A Nijar mai lakwal zai gane shamwa nan take, amma a Najeriya ba za a gane ba. Sai dai a rubuta shamwar tsauni, kalmar tsauni ta yi mata shinge.

Ɗan Maraɗi:
Na gode ƙwarai iyayena. Yau da safe na ɗauko ledar da sabuwar ta zo ciki, na kai wa wani ɗan lakwal ya karanta mini. An rubuta fatar tunkiya ce, an jeme ta da man kifi, kamar yadda Mushe da Yaya suka faɗa. Na kuma kira yaron nan na nuna masa hoton dabbar a waya, ya daɗe yana kallon ƙahon. Baba Majemi, tambaya ɗaya ta rage, taka ce. Tamu ba ta wuce wata uku take fara tsagewa tana wari. Laifinmu ne ko na fatar?

Baba Majemi:
Naku ne, ɗana. Na tabbata da garin sabulun wanki kuke wanke ta, kuma a kan mota kuke shanya ta cikin rana. Fatar da mai ya jeme, man nan shi ne ranta. Garin sabulu mai ƙarfi yana cinye shi, rana ta ƙarasa sauran. Ka wanke ta da sabulun sanda marar ƙarfi da ruwa mai sanyi, kada ka ɗauraye kumfar duka, ka bar kaɗan a jikinta. Kada ka murɗe ta kamar tsumma, matse ta za ka yi a tafin hannu. Ka miƙar da ita ka rataye a inuwa inda iska ke bi. Kuma kada ka cusa ta a leda ko bokiti tana jiƙe ta kwana, nan warin yake fitowa. In ta bushe ta yi tauri kada ka ja ta da ƙarfi, tsoma ta a ruwa tukuna ta saki. Ka gwada haka da sabuwar, bayan wata shida ka dawo zauren nan ka gaya mini yadda ta yi.